Kyamara ta zuba ido kawai, babu mai ba da labari: irin wannan fim zai yiwu a wajenmu?

Dan_Gwale
Assalamu alaikum 'yan gida. Tambaya gare ni ga waɗanda suka riga mu shiga harkar dokumentari. Kusan duk wanda ake yi a nan arewa kan matsalolinmu, ko almajiranci ne, ko shaye-shaye, ko 'yan gudun hijira, salonsa ɗaya: wata murya mai kauri tana karanto bayani, a sa kiɗa mai sa tausayi, a zaunar da farfesa da malami da jami'in gwamnati kowa ya yi magana, a rufe da kira ga hukuma. Waɗanda abin ya shafa kuwa sai dai a hasko su suna wucewa.

Ni wani salo nake so in gwada. A shiga wuri ɗaya a daɗe, kyamara ta zuba ido kawai. Babu hira, babu mai ba da labari, babu kiɗa, babu "don Allah koma ka sake shigowa mu ɗauka". Wurin da nake tunani shi ne zauren mai unguwa, inda ake kawo rigimar kwata da ta fili da ta aure, kuma 'yan siyasa ke zuwa gaisuwa idan zaɓe ya ƙarato. Abokin aikina ya ce ɓata lokaci ne, wai Bahaushe ba ya sakin jiki gaban kyamara, ko kunya ta rufe masa baki ko ya rikiɗe ya zama ɗan wasa. Me kuka gani?

Sarkin_Sauti
Wa alaikumus salam. Abokinka ya faɗi gaskiya, amma ta makon farko ce. Da farko kowa zai zo da wankakkiyar riga, mai unguwa zai riƙa magana a tsanake yana zaɓen kalma, masu ƙara suna satar kallonka. Amma mutumin da maƙwabci ya toshe masa kwata har ruwa na shiga ɗakin matarsa ba zai jima yana wasan ba. Da ransa ya ɓaci ya manta da kai.

Abin da nake jiye maka sauti ne. Zaure yana amsa kuwwa, ga fanka, ga janaretan mai shago, ga 'yan adaidaita a bakin ƙofa, ga mutum huɗu suna magana lokaci guda. Tunda ba ka da mai ba da labari da zai toshe maka ɓaraka, duk kalmar da ba ta fito ba ta tafi ke nan. Ka maƙala wa mai unguwa ƙaramin makirufo a wuyan riga, ka samu wani ya riƙe na sanda yana bin mai magana. Kada ka dogara da na jikin kyamara.

Ummu_Hanan
Ni mai kallo ce kawai, ba na sana'ar. Gaskiya ban ga yadda zan zauna awa biyu ina kallon gardamar kwata ba tare da wani ya gaya mini inda aka dosa ba. Ku yi haƙuri.

Baba_Mai_Kyamara
Ɗana Dan_Gwale, abin da kake nema yana da tarihi. A 1960 wasu Amurkawa ƙarƙashin Robert Drew suka bi John Kennedy da Hubert Humphrey a zaɓen fidda gwani na jam'iyyarsu a jihar Wisconsin, suka fitar da fim mai suna Primary. Jama'a suka ga ɗan takara a cikin mota, a tsakiyar cunkoso yana shan hannu, a ɗakin otal yana jiran sakamako. Kafin lokacin kyamara nauyi gare ta, na'urar sauti ma haka, sai dai a kawo mutum a tsayar a gabansu. Da aka samu wadda ake saɓawa a kafaɗa da rikodar da ake ratayawa, sai su suka koma bin mutum.

Ni na yi aiki a wani gidan talabijin na jiha har na yi ritaya. In gwamna zai buɗe rijiyar burtsatse mukan isa tun da hantsi. Ina ɗaukar 'yan makaranta da aka jera a rana, tsofaffi mata riƙe da takardar koke a naɗe cikin gefen zane, mai unguwa yana ta leƙen hanya. Da yamma abin da za a nuna shi ne yanke kyalle da jawabi. Sauran kuwa, tunda kaset bai wadata ba, washegari a kansa za mu sake ɗaukar wani taron. Har yau abin yana yi mini ciwo, domin ainihin labarin garin yana cikin abin da muka goge. Ka yi fim ɗinka, ɗana.

'Yata Ummu_Hanan, ke ma in aka yi rigima a layinku ai kina tsayawa ki ji har ƙarshe ba tare da an yi miki sharhi ba.

Dalibin_Fim
Baba, Allah ya ƙara girma, ɗan ƙarin bayani: Primary ɗin yana da muryar mai bayani, sai dai kaɗan ce ƙwarai. Wanda ya kore ta gaba ɗaya, ya kuma zaɓi ma'aikatu maimakon manyan mutane, shi ne Frederick Wiseman: asibiti, makarantar sakandare, ofishin tallafin marasa galihu, kotun yara. Shi ya fi kusa da abin da Dan_Gwale ke nufi da zauren mai unguwa.

Anti_Edita
Tunda an ambaci Wiseman bari in sa baki, don a nan nake da ja. Kada wani ya rudi kansa cewa in an cire murya an cire ra'ayi. Mutumin nan yakan ɗauki sama da awa 100, ya shafe kusan shekara yana yanka da haɗawa kafin ya fitar da 'yan awoyi. Wanda ya zaɓi abin da zai shiga da abin da zai zubar, shi ne mai ba da labarin ko bai buɗe baki ba.

Ga misali daga zauren naka, ƙanena. Ɗan takarar kansila ya zo gaisuwa, ya tura ambulan ƙarƙashin darduma. Bayan mako uku wata bazawara ta zo kan gadon marayunta, mai unguwa ya ce ta dawo jibi domin ɗaya ɓangaren bai zo ba. In na manna ɓangarorin fim ɗin nan biyu kusa da juna, na gama da mutumin. Kowa zai ce ya ci kuɗi ya kori marainiya, alhali ba abin da ya haɗa su. Ban yi ƙarya ko ɗaya ba, duka sun faru, amma na yi zalunci. Fim mai murya aƙalla ka san wanda za ka kama da magana. Wannan kuwa mai kallo gani yake idonsa ne ya gane masa, shi ya sa alhakinsa ya fi nauyi.

Almajirin_Malam
Ni abin da ya tsaya mini a rai daban ne. Zauren mai unguwa wurin rufin asiri ne. Mutane suna zuwa can ne takamaimai don kada magana ta kai kotu ko ofishin 'yan sanda, duniya ta ji. Hadisi ya tabbata cewa wanda ya suturta Musulmi, Allah zai suturta shi duniya da lahira. Mace ta zo tana faɗin cewa mijinta ya yi wata biyu bai ajiye cefane ba, kai kuma ka ɗauka ka kai Facebook? Yaranta fa za su girma su gani.

Dan_Gwale
Allah ya gafarta Malam, wannan ita ce damuwar da ta hana ni barci. Niyyata ba tona asirin kowa ba ce. So nake a ga yadda talaka ke neman adalci a inda gwamnati ba ta kai ba, da irin nauyin da ke kan mutumin da ba shi da ɗan sanda ba shi da kasafi, sai mutunci kawai. Amma na yarda niyya ba ta isa kariya ba.

Barista_Kaduna
Malam, wannan gardamar an yi ta a gaban alƙali tun kafin a haifi yawancinmu. Fim ɗin Wiseman na farko, Titicut Follies na 1967, a wani gidan tsare masu taɓin hankali da suka yi laifi ya ɗauke shi, a Bridgewater ta jihar Massachusetts. An ga ana tsare mutane tsirara, ana ɗura wa wani abinci ta hanci. Hukumar jihar ta je kotu da hujjar kare sirrin waɗanda ake tsare da su, aka hana nuna wa jama'a sai likitoci da lauyoyi da ɗalibai, kuma ba a ɗage ba sai 1991. Hujjar ba ta banza ba ce, domin mutanen can ba su da hankalin da za su ce sun yarda ko ba su yarda ba. Amma wanda ya fi cin moriyar hanin shi ne wanda ke wulaƙanta su.

A Najeriya sashe na 37 na tsarin mulki ya kare sirrin mutum, na 39 ya ba da 'yancin faɗin albarkacin baki, ga kuma dokar kare bayanan jama'a ta 2023. Shawarata: izinin mai unguwa nasa ne shi kaɗai, bai rufe masu kawo ƙara ba. Kowane mutum ka nemi yardarsa da Hausa, ka ɗauka a kyamara, ka gaya masa inda za a nuna, har da intanet. Takardar Turanci da aka dangwala wa yatsa ba a karanta ba, ni ba na kiranta yarda. Kuma tunda Kano kake, kada ka manta da Hukumar Tace Fina-Finai.

Nas_Bilki
Ni an taɓa ɗaukata, don haka bari ku ji daga wancan ɓangaren. Wasu matasa suka zo ƙaramin asibitin da nake aiki, da takardar izini daga sama. Yara masu ladabi, ba sa tambayar komai, suna rakuɓe a gefe har muka saba da su. Wani dare aka kawo mai naƙuda, babu wuta, babu mai a janareta. Na ba ƙanwar mijinta wayata ta haska mini, ta tsorata hannunta na rawa, sai na karɓa na cije wayar a baki na karɓi haihuwar da hannu biyu. Uwa da ɗa lafiya, alhamdu lillahi. Ba su nuna jikin matar ba, fuskata kawai da hasken nan.

Da fim ya fita kowa yana yabo, ana ta turawa. Ni kuwa takardar tuhuma aka aiko mini, wai na kunyata ma'aikata, daga baya aka mayar da ni wani ƙauye nesa da 'ya'yana. Yaran sun kira sun ba ni haƙuri, kuma na san har zuciyarsu ne. Sun tafi bikin nuna fina-finai, asibitin kuma har na bar shi babu wuta. Ban ce kada a yi ba. Amma duk wanda zai shiga wuri da kyamara ya fara tambayar kansa wa za a hukunta idan ya tattara kayansa ya tafi.

Sarkin_Sauti
Innalillahi. Anti Bilki, Allah ya saka miki. Wannan ya kamata a karanta wa duk ɗalibin fim.

Kwamared_Sabo
Abin da ya sami Anti Bilki shi ne dalilin da ya sa ni ban yarda da zuba ido ba. Ƙasa tana ci da wuta kuna maganar kyamara ta yi shiru! A 2018 BBC ta fitar da bincikenta kan maganin tari mai kodin, an nuna Kano a ciki, ba a yi mako ba gwamnatin tarayya ta hana shigo da shi da sarrafa shi. Wannan shi ne aiki. A kama sunan mai laifi, a nuna fuskarsa. Da an yi haka a asibitin, wanda ya cinye kuɗin man janareta ne zai sha tuhuma, ba nas ba.

Dalibin_Fim
Kwamared, wancan bincike ne da ɓoyayyiyar kyamara, sana'a ce daban kuma tana da amfaninta. Amma tana aiki ne inda akwai ɓarawo ɗaya da za a kama. Yawancin abin da ke damunmu ba haka yake ba. Wa za ka kama a kan aji mai yara fiye da ɗari da malami ɗaya? Irin wannan sai an zauna an ga yadda ranar take tafiya daga safe zuwa tashi. Kuma nuna fuska ma ba kyauta ba ne: a 2022 hukumar NBC mai kula da gidajen rediyo da talabijin na Najeriya ta ci Trust TV tarar naira miliyan 5 saboda shirinta kan 'yan bindiga, ta kuma ci tarar kamfanonin da suka watsa na BBC kan Zamfara.

Yar_Damagaram
Salamu alaikum daga Nijar. Ina karanta ku kuna ta zuwa Amurka neman misali, alhali ga shi a ƙofar gida da Hausa. Aïcha Macky, 'yar Damagaram ce, ta fitar da fim mai suna Zinder a 2021 kan matasan Kara-Kara, unguwar da asalinta aka ware wa kutare. Samarin da gari duka ke tsoro, masu ƙungiyoyin da muke kira fale. Ta nuna su suna ɗaga ƙarfe, suna fasa-ƙwaurin man fetur daga iyakar Najeriya, suna zuwa gidan kaso duba 'yan'uwansu. Ba zuba ido zalla ba ne, tana magana da su, amma ba ta ɗora wani masani ya fassara mana su ba. Mu da muka tashi a garin ana ce mana kada mu bi ta can, a fim ɗin muka fara jin muryarsu.

Don haka Yaya Dan_Gwale, maganar wai Bahaushe ba ya sakin jiki, a bar ta. Yana saki, in ya san kai waye, ya san gidanku, ya san gobe ma zai gan ka a kasuwa.

Bagobiri
Ƙwarai kuwa. Ga kuma Sani Magori na Galmi, da ya yi fim a 2008 kan wani manomin albasa da auren 'yarsa ya rataya a kan yadda kakar za ta yi da kuɗin da buhu zai kai. Albasa kawai, amma a ciki ka ga bashi, ka ga dillalai, ka ga ci-rani. Mu manoma ba mu buƙaci wanda zai yi mana bayani ba.

Dan_Zango_Kumasi
Gaisuwa daga Kumasi. Maganar 'Yar_Damagaram ta cewa a san gidanku ita ce gaba ɗaya. Jean Rouch Bafaranshe ya bi 'yan ci-ranin Nijar har nan ƙasarmu, a 1955 ya fitar da fim kan masu wani irin bori da ake kira Hauka a Ankara (Accra). Ɗaliban Afirka da suka gani a Faris ransu ya ɓaci, kuma daga baya Ousmane Sembène na Senegal ya gaya masa ido da ido cewa yana kallon mu kamar ƙwari. Mutum zai iya zuba maka ido shekara goma bai ɗauke ka ɗan'uwa ba. Kuma ba sai Bature ba. Ɗan boko daga GRA da ya shiga lungu da kyamara shi ma zai iya yin irin kallon.

Baba_Mai_Kyamara
Ɗana na Kumasi, haka ne, amma a yi wa Rouch adalci ta wani gefen. Ya ɗauki masunta Sorko suna farautar dorina a kogin Kwara, ya koma ya haɗa fim ya sa masa kiɗa, sannan ya dawo garin Ayorou na Nijar ya nuna musu. Suka ce ya cire kiɗan, domin a wajensu kiɗa ƙarfafa wa dorina zuciya yake yi, farauta kuma shiru ake yin ta. Ya cire. Oumarou Ganda ɗan Nijar ma, da ya ɗauko yana dako a Abijan ya sa shi a fim, shi ne ya zama darakta har ya ci babbar kyautar FESPACO, bikin fina-finan Afirka na Burkina Faso, a 1972. Rouch kuma a ƙasar Hausa ajali ya same shi, haɗarin mota kusa da Birnin Ƙonni a 2004. Abin da nake so Dan_Gwale ya ɗauka shi ne komawar nan: waɗanda ka ɗauka su fara gani kafin kowa.

Furodusa_Jos
Duk kun yi magana mai kyau, ba wanda ya ce wa zai biya. Fim irin wannan watanni yake ci, kullum kuɗin mota, abinci, cajin batir, ma'ajiyar hotuna biyu don kada ɗaya ta mutu da aikinka. 'Yan kasuwar Kannywood ba za su sa sisi ba, babu waƙa babu jarumi. Masu ba da tallafi na waje kuma sau da yawa sun riga sun san labarin da suke so daga arewa kafin ka buɗe baki. Zauren mai unguwa da ake sulhu lafiya ba lallai ya burge su ba. In za ka iya, ka fara da gajere, minti ashirin, da kuɗin aljihunka, ka nuna da majigi a filin makarantar unguwar. In ya tsaya da ƙafarsa sai ka nemi na dogon.

Maryam_Garwa
Game da damuwar Malam kan mata. A nan Kamaru an yi wani fim a kotun Kumba, Sisters in Law, 2005, an bi wata alƙaliya da wata mai gabatar da ƙara. A ciki har da Musulma da ta kai mijinta ƙara kan duka, ta tsaya a gaban kyamara ba ta ɓoye fuska ba. Kada mu yanke wa mata hukunci cewa dukansu ɓuya suke so. Wata ta gaji da rufin asirin da ita kaɗai yake danne wa. A tambaye ta ita kanta, ba mijinta ko wanta ba, kuma mace ce za ta tambaye ta, a cikin gida, ba a zaure gaban maza ba.

Almajirin_Malam
Malama Maryam, ban musa ba, wanda aka zalunta yana da damar ɗaga murya. Amma kotu daban, zaure daban. Kuma mijin da ake ƙara fa, shi ma sai ya yarda? In ya ƙi, an bar shari'ar ke nan?

Dan_Gwale
Na gode ƙwarai, kun ba ni abin tunani. Ga inda na tsaya yanzu. Zan fara zuwa zauren ba kyamara har a saba da ni. Rigimar aure ba zan ɗauka ba sai duka ɓangarorin sun yarda, kuma abokiyar aikinmu ce za ta nemi yardar matan kamar yadda Anti Maryam ta ce. Kafin kowa ya gani zan nuna wa mai unguwa da waɗanda suka fito. Wanda ya ce a cire shi, a cire.

Anti_Edita
Wannan na ƙarshen ne ban yarda da shi ba, ƙanena. Bazawara ta ce a cire ta, a cire, babu gardama. Amma in ɗan takarar nan mai ambulan ya aiko a cire shi fa? Ko mai unguwa ya ce a cire inda ya yi wa talaka tsawa ya sassauta wa mai kuɗi? In ka ba kowa wuƙa, abin da zai rage maka tallan mai unguwa ne. Ka yi alkawarin nuna musu da sauraronsu, kada ka yi alkawarin bin umarninsu.

Nas_Bilki
Anti, mai unguwan ma yana da na sama da shi. Dagaci na nan, hakimi na nan, kuma rawani ana cire shi. A fim shi ne babba, a waje kuwa matsayinsa bai fi nawa a asibiti ba. Ni a ganina a ba shi wuƙar.

Barista_Kaduna
Ni kuma ina tsakiya. A rubuta tun farko cewa yana da ikon hana abin da zai jawo masa hukunci daga sama, ba abin da zai sa a ga laifinsa kawai ba. Wahalar ita ce wa zai raba tsakanin biyun ranar da aka zo kallo, shi ko Dan_Gwale. Anti_Edita, a ayyukan da kika yi, wa kuke ba wa wannan hukuncin?